Jikar da Ta Fitar da Kanta

A tashar bas, Misis Pargeter ta samu wani dattijo mai jakar kayan kurket, wasan buga ƙwallo da sanda, ta fara zuba.

"Malam, gobe zan cire jikata Imogen daga ƙungiyar kurket ta makarantarsu. Kocinsu ya koya mata wauta. Ƙwallo ta shafi sandarta aka cafe, wanda a doka ya fitar da ita, alƙalin wasa bai gani ba, amma ta fitar da kanta daga wasan!"

"Haka na yi a wasana na ƙarshe a ƙungiyar gunduma, saura maki ɗaya in cika ɗari," in ji dattijon.

"Wai gaskiya dokin ƙarfe! Ina ta kai ka?"

"Makarantar jikarki. Ni ne kocin. Ita ce kyaftin ranar Asabar."

Ta gyara tabarau.

"Har yanzu wauta ce. Ƙarfe nawa za a fara? Ni zan kawo kek ɗin shayi."