Tallajar Inna Tana Hutawa

Kuɗin motata akuyar Inna ce. Ta sayar da ita, ta ƙulle kuɗin a bakin mayafi, ni kuwa na dafa ƙirji a gaban maƙwabta na ce, "Inna, azumin bana da ruwan ƙanƙara za ki sha ruwa." Ku matso, samari, ku ji yadda ake cika alkawari.

Daga ƙauyenmu na bayan Ƙala'at an-Nahal, a ƙasar Sudan, na hau lorin riɗi sai birnin Gadarif. Sa'annina duk gona suka nufa. Ni da na kusa gama firamare, a ba ni lauje? Na kama aiki a shagon wani Haj Bashir mai sayar da karkade mai sanyi, zoɓo dai, sun sa masa rawani. Firji kuma tallaja suke ce masa. Mutumin kirki ne, sai dai kullum ya sha shayi da gishiri sai ya ce ni ne. Ni ne ɗin, amma ai bai gani ba.

Ran nan muka canja shago. Aka kwantar da tallaja a keken jaki, muka yi ta gwabzawa a ramuka. Da muka sauke Haj ya ce, "Ya zol, kai yaro, ka tsayar da ita, kada ka sa mata wuta sai gobe. Man injin ya gangara cikin bututu, sai ya koma mazauninsa."

Na ce, "Haj, jakin da ya ja ta bai huta ba, sai ita da ta zo a kwance?"

"Na dai faɗa maka."

Yana tafiya masallaci, ga rana, ga masu ƙishi sun yi layi, na soka mata waya. Ta yi gurnani, ta yi tari kamar tsoho, ta yi shiru. Mai gyara ya zo ya ce kumbireso ya ƙone. Na ce Allah ya jiƙan Kumbireso, ban san shi ba.

Haj ya ce, "Ka kashe ta!"

"Da ciwonta ta zo."

"To ɗauki gawarka, ita ce ladanka. Kalas!"

Haka na shigo ƙauye ana jibi azumi, tallaja tsaye a bayan lori, ina rungume da ita. Gari ya fito. Mai cajin waya har ya jawo igiya daga solarsa. Na ɗaga hannu na ce, "Kul! Ba a sa mata wuta daga sauka. Sai ta huta." Kowa ya jinjina ilimina.

Washegari Inna ta ce, "Auta, ta huta?"

"Hanyar da nisa, Inna."

Ranar farko ta azumi, rana ta sunkuya, mata suka cika gidanmu kowa da kofinta. Ni ina bayan rumbu ina auna tsayin katanga. Sai na ji Inna ta buɗe tallaja tana cewa, "Bismillah, ku sha ruwan ɗana." Na leƙo. Ashe ta ciro kantocin ciki, ta zaunar da tsohuwar randarta, ta naɗe ta da jiƙaƙƙen buhu tun safe.

Wata ta kurɓa ta ce, "Kai, ruwan birni daban ne!"

Da suka watse Inna ta miƙo mini kofi, ba ta ko dube ni ba. Ta ce, "Sha. Idan ta gama hutawa, ka tafi yankan dawa ka sayo mini akuyata."