Farantin Kiran Taurari

A bencin mai gyaran rediyo, wata tsohuwa ta leƙa wayar mutumin da ke gefenta, ta ga hoton wani faranti yana fuskantar sama.

"Ɗan nan, wannan ƙaton farantin fa?"

"Da shi masana ke aika saƙon rediyo wajen taurari, Mama, ko akwai halittun da za su ji."

"Sun amsa?"

"Ko tari."

"Kuma ba su daina ba? Ashe ba ni kaɗai ba ce. Tun da autana ya tafi neman aiki nake aika masa gaisuwa a rediyo. Yayyensa cewa suke na zautu."

"Yana wace ƙasa?"

"Da na sani, ai da na je. Ka ce su juyo da farantin ƙasa mana, ko sau ɗaya. Nawa bai kai taurari nisa ba."