Bencin Baya a Ajin Malam Mala

Assalamu alaikum. Wakilin Hakimi, ranka ya daɗe. Mai unguwa, Allah ya ja zamaninka. Liman, Allah ya gafarta Malam. Baba Kolo, yayan marigayi, da Inna Kaltume mai ɗakin Malam da ke jinmu daga cikin gida, da iyayen yara, sannunmu da haƙuri.

Ni ne Ilu, hedimastan elemantaren unguwar nan, kuma ni aka ɗora wa magana a sadakar arba'in ta Malam Mala.

Ya kasance mai naci. Lokacin da hukumar En'e ta ce a kawo yara boko, wasunmu a rumbu suka ɓoye nasu. Shi ya bi zaure zaure daga Ƙofar Mazugal har gindin Dala, yana rantsuwa cewa amana ce ya karɓa. Baba Garba ma ya kore shi da tsintsiya, ga shi can yana sunkuyar da kai, amma washegari ya ba shi ɗa.

Ya kasance mai wata ɗabi'a da muka sha yi wa dariya. Kowace safiya sai ya tsaya a ƙofar aji babu kowa ciki, ya yi sallama, ya ɗan jira, sannan ya shiga. Bencin baya kuwa ba ya barin kowa ya zauna, ko da yara na zube a ƙasa. Bature mai duba makarantu ya taɓa tambayarsa dalili, ya ce, "Da masu shi."

Da ya rasu, Malam Gwadabe ya karɓi ajin, ya zaunar da yara a bencin, kuma ban ga laifinsa ba. Tun daga ranar yara ke cewa idan suna maimaita lissafi suka yi shiru, wasu muryoyi daga baya sukan ƙarasa layin. Kafin aji ya watse na tsaya a taga da hantsi, ni ma na ji. Ban san mene ne ba, Liman na nan. Abin da na sani, kun janye 'ya'yanku, En'e kuma ta ce in aji ya ci gaba da zama fayau za ta rufe makarantar. Wannan ya fi muryoyin tayar mini da hankali.

Na je gaisuwa, Inna Kaltume ta faɗa mini abin da marigayi bai taɓa faɗa mana ba. Yaran da sanƙarau ya ɗauke a shekarar annoba, a bencin nan suke zama. Ya ce shi ya roƙo su daga hannun iyayensu, ba wanda ya zo ya ce a sallame su, don haka shi ba zai ba wani wurinsu ba.

Baba Garba, Ɗanjuma naka na cikinsu. Gwaggo 'Yardada, har da Ado naki.

Mun mayar da bencin yadda yake, ba a zaunar da kowa a kai. Ku dawo mana da ƙannensu gobe. In ma akwai masu zama a baya, ba baƙi ba ne, yayyensu ne.

Mun gode da zuwanku. Allah ya jiƙan Malam Mala, ya haskaka kabarinsa, ya sada shi da yaran da ya riƙe wa wuri. Amin.