Famfo Ya Kawo, Saura Kwalbati

A bakin famfon unguwa a Gyadi-Gyadi, ana saura mako guda zaɓen 1999, na ji wani baƙo mai babbar riga yana tambayar wata tsohuwa da ke tarar ruwa.

"Inna, ba famfon nan ne ya shekara shida a bushe ba?"

"Shi ne, Alhaji. Fasta ce ta kawo mana ruwa."

"Fasta kuma?"

"Da muka ji manyan wata jam'iyya za su zo, sai muka lulluɓe bango da fasta mai hoton abokin hamayyarsu. Hankalinsu ya tashi, kwana uku suka gyara famfo. Da ɗaya ɓangaren za su zo, muka sauya hotuna. Ga taransifoma can, sabuwa fil."

Mutumin ya dubi hotunan da ke bango. "Ni fa jiya na gaya wa maigidana unguwar nan tamu ce gaba ɗaya."

Ta kwashe da dariya har bokitinta ya cika yana zuba.

"Ashe kai nasu ne? Koma ka gyara maganarka, ɗan nan. Ka ce har yanzu muna shawara. Saura kwalbati."