Kaset ɗin Malam Bukar

Assalamu alaikum mai gabatarwa, sannu da aiki. Yagana ce daga Guri.

Maigidana, Malam Bukar, ya ƙare rayuwarsa yana bin ƙauyukan masunta a kwalekwale da rikoda, yana ɗaukar tatsuniyoyin tsofaffi. Bara Allah ya yi masa rasuwa, ya bar mini akwati cike da kaset. Babban ɗanmu ya ce, "Inna, wa ke jin kaset yanzu?"

Ni nake ji, ni kaɗai a ɗaki. Ba tatsuniyar nake bi ba, jira nake in ji Malam ya amsa, "Ta zo mu ji ta."

Jiya rikodar ta cinye ɗaya. Don Allah masu sauraro, wa zai juye mini sauran a waya kafin muryarsa ta ƙare?