Hannun Gem Na Biyu

A bencin shagon mai gyaran kwamfuta, tela ya kasa ɗauke ido daga tsohon akwatin gem da wani dattijo ya rungume cikin tawul.

"Baba, wannan ai ya girme ni. Gyara za a yi masa?"

"Ya daina nuna hoto, ɗana. Mai gyara zai ciro fayil ɗin da ke tada shi, ya sa mini a kwamfuta, in ci gaba da buga ƙwallona."

"Ai fayil ɗin yana intanet kyauta."

"To kai me ya kawo ka nan?"

Tela ya sosa ƙeya. "Shi na sauko. Bairos ya biyo shi, ya cinye hotunan ɗinkina kaf."

Dattijo ya yi dariya har da tari. "Ka ga kyauta!"

"Baba, in an ciro naka, a ɗan kwafa mini mana."

"A'a. Mai gyara ya ce in na raba wa mutane, na taka doka. Da furfurata ba za a kai ni kotu kan gem ba."

Dattijo ya warware tawul, ya fito da hannun gem biyu, ɗaya duk maɓallansa sun goge.

"Wannan na autana ne. Tun da aiki ya kai shi nesa, da na'ura nake bugawa, ita kuwa ko na ci ta ba ta jin haushi. Ka iya?"

"Kashi zan ba ka, Baba."

"Haka shi ma yake cewa. Riƙe."