Malamin Lesin da Kalmar Mutanen Da

Assalamu alaikum mai gabatarwa, Allah shi ƙara basira. Ni ce Kulu daga Gwadangaji.

Na ɗauko wa ɗiyata Safiya malamin lesin na Turanci, don bana za ta rubuta jarrabawar fita sakandare. Ran Litinin ta cike wa mahaifiyata takardar asibiti da Turanci. Wurin shekaru sai ta rubuta "threescore". Nas ta juya takardar, ta ce min, "Hajiya, wannan kuma mene ne?" Kunya ta rufe ni.

Na kira yayana, hedimasta a Argungu. Ya ce, "Kalmar gaskiya ce, Kulu. Ashirin sau uku, wato sittin. Amma sai a tsofaffin waƙoƙin Turawa, su kansu sun bar ta."

Ni dai hankalina bai kwanta ba. Wanga malami bai taɓa nuna min takardunsa ba. Na sa an duba littafin lesin na Safiya: shafi huɗu na irin waɗannan kalmomi, babu wasiƙa ko ɗaya irin wadda ake sa su rubuta a jarrabawa.

Masu sauraro, ku ba ni shawara. Ilimi ne ya yi masa yawa, ko rufa ido yake min? Jarrabawa ta ƙarato, kuma ba yayana ne zai duba takardarta ba.